Kwandon Mama

Napoli, watan Maris

Yaya Filomena,

Gaisuwa mai yawa. Ina fata kin koma Torino lafiya, kin tarar da maigidanki da yara ƙalau. Ya ƙarin haƙurinmu? Allah Ya jiƙan Mama.

Zan gaya miki wani abu, amma don Allah kar ki fara faɗan nan naki. Kin san yadda Mama take zuro mini kwando da igiya daga barandar bene kullum da tsakar rana, ya tsaya daidai ƙofar shagona, ita kuma ta leƙo tana ƙwala kira, "Carmine, ka ci abinci?" alhali ta fi kowa sanin ban ci ba. To, ran Litinin ina cikin ɗinkin takalmi sai na ji igiya tana goga ƙarfen baranda. Ina ɗaga kai, ga kwando. Taliya ce da miyar tumatir, da zafinta, an rufe da farin tsumman nan mai jan baki. Ta ji tafarnuwa, yadda nake so.

Da farko na ɗauka maƙwabta ne. Sai na tuna ke kika kulle ɗakin bayan jana'iza, kika jefa makullin a jakarki. Na fita tsakiyar layi na duba sama, tagogi a rufe ruf.

Yaya, na ci. Hannunta ne. Tun ranar kuma bai fasa zuwa ba.

Ki gaishe mini da yara.

Ƙanenki, Carmine

Torino, watan Maris

Carmine,

Bayan gaisuwa, wasiƙarka ta same ni, kuma ta ɓata mini rai. Kai dai ba za ka girma ba! Ga furfura ta fito maka, har yanzu kana hangame baki a zuro maka abinci kamar ɗan tsuntsu. Makulli yana wurina, yanzun nan na taɓa shi. Ko wani ne yake maka wasan banza, ko kuma ka fara shan abin da ya fi ƙarfinka.

Ko ma wane ne, kar ka ƙara ci. Ga Nunziata nan, mace mai hankali, ta yi shekaru tana jiranka don kawai Mama ta ce miyarta ruwa ce. Yanzu wa zai hana ku? Ku je wurin Fada, limamin cocinmu, ku sa ranar aure.

Ba zan ɓoye maka ba, ni ba tsoro na ji ba, haushi na ji. Wai ko a kabari kai take tunawa! Ni na baro 'ya'yana na zo na yi jinyarta, ni na rufe mata ido. Kullum bakinta, "Ba na kwanciya sai 'ya'yana sun ci," amma ɗa ɗaya take nufi. Ta san tafarnuwa tana tayar mini da zuciya, ba ta taɓa raba tukunya saboda ni ba, sai dai ta ce in tsince. Har na bar gidan nan ban taɓa jin ta ce, "Filomena, kin ci?" ba.

Ka shiga hankalinka. Allah Ya tsare.

Yayarka, Filomena

Napoli, watan Afrilu

Yaya,

Ina gaisuwa. Faɗanki ya iso lafiya, ko harafi ɗaya bai zube a hanya ba.

Na gwada, Allah Ya sani. Nunziata tana kawo mini abinci, ta zauna ta zuba mini ido, amma sai in ji kamar takarda nake taunawa, ya ƙi wucewa. Mutane suna ta cewa na rame, har na ƙara huji a ɗamarata, ni kuwa ban taɓa jin ƙoshi irin na yanzu ba. Nunziata ta kawo Fada ya yayyafa ruwan tsarki a ƙofa. Yana tsaye kwandon ya sauko ta gefen kafaɗarsa. Ya yi alamar gicciye, ya kama hanya bai waiwayo ba.

Kar ki yi fushi da Mama. Uwa ɗaya muke da ita, kuma kin san ba ta iya zama ita kaɗai.

Ran Lahadin da ta wuce kwandon ya zo babu abinci, sai tsumman da take ɗaura mini a wuya da cokalina na yarinta. Ba sai na fassara miki ba. Ranar Lahadi ba a ci a shago, a tebur ake ci. Na wuni ina jin ana jan kujera a sama.

Ki taimaka ki aiko mini da makullin.

Naki, Carmine

Napoli, watan Mayu

Zuwa ga Yaya Filomena,

Ina gaishe ki da girmamawa. Ni ce Nunziata. Ki gafarce ni, ban saba rubutu ba.

Wasiƙarki mai tikitin jirgin ƙasa ta zo ran Asabar. Na roƙe shi ya tafi wurinki, har na haɗa masa kaya. Ya yi dariya ya ce, "Nunziata, a bari a wuce Lahadi."

Ran Lahadi da muka taso daga coci na tarar da shagon a buɗe, takalmi a kan benci da allura a jiki, ba shi. Na kira maza muka hau bene, ɗakin Mama. Ƙofar a kulle take, sai da aka ɓalle ta. Yana zaune a tebur da tsumma a wuya, farantinsa ya siɗe shi tas, fuskarsa kamar ta yaron da ya ƙoshi. Jikinsa ya yi sanyi. Murhu kuwa ƙura ce a kai, ko tukunya babu. An binne shi kusa da Mama, domin saƙon gaggawa da muka buga miki ya dawo, wai ba a same ki ba.

Akwai abin da ban gaya wa kowa ba. Faranti biyu aka jera a teburin. Ɗayan a kife yake, an tura kujerarsa baya kaɗan.

Maza sun yanke igiyar, sun ƙona kwandon a tsakiyar layi. Jiya da tsakar rana wani kwandon ya sake saukowa, yau ma haka. Yana nan a rataye gaban shagon yana tururi, layin duk an watse. Ni na yi ƙarfin hali na ɗaga tsumman. Taliya ce da miyar tumatir, amma na shinshina, Yaya, ko ƙanshin tafarnuwa babu.

Na haɗa ki da Allah, kar ki zo. Kina da yara.

Taki cikin baƙin ciki, Nunziata

Torino, watan Mayu

Nunziata,

Na gode, Allah Ya saka miki da alheri.

Kin tabbata babu tafarnuwa?

Kar kowa ya taɓa kwandon. Zan shigo jirgin safe. Ki mayar da tsumman yadda yake, kar ya huce.

Filomena