An Yi Wa Inna Makoki da Ranta

Zuwa ga yayana Vukashin,

Gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da Smilja da yara. Allah ya kare ku daga sanyin Kanada. Mu nan an tsinke inabi, an yanka alade, kowa lafiya lau, sai dai Inna.

Ka san ɗana Dobrilo, wanda ya je Belgrade koyon fim ya dawo da gemu ba hankali. Ya zo da abokansa su yi ɗan gajeren fim na tatsuniyar nan ta tsohuwar da ta mutu gidanta ya bi ta kabari da ƙafafun kaza. Ya lallaɓi Inna ta fito a matsayin gawar. Da dariya ta buɗe adaka, ta sa kayan da ta tanada don ranar binne ta, ta kwanta cikin akwatin gawa. Sai ya kira tsohuwa Petkana mai waƙar makoki. Petkana ta ce ba ta iya kukan ƙarya ba, sai da suna. Shi kuwa sakaran ya ce ta kira sunan Inna na gaskiya, Kosara. Yaya, ta yi waƙar har ƙarshe, ta aika Inna da gaisuwa wurin Baba a lahira. Duk muka fashe da kuka, har mai riƙe kyamara.

Magana zarar bunu ce. Tun ranar maƙwabta ba sa cin burodinta, in ta yi gaisuwa sai su dubi ƙasa. Jiya na tarar da kwanon dafaffiyar alkama, irin wadda ake yi don mamata, a ƙofarmu. Inna ita kanta ta rufe madubi kamar yadda ake yi in an yi rasuwa, ta ƙi cire kayan, abinci sai loma biyu. Limamin coci ya yayyafa mata ruwa mai tsarki, ta yi masa godiya, ta tambaye shi ko ya ga Baba a hanya. Dobrilo ya ce zai ƙone fim ɗin, ta ce ya bari, ba a tone kabari. Ina jin tsoro, Yaya, ba na ɓoye maka.

Abu ɗaya ke riƙe da ita. Ta ce akwai ɗa guda da bai yi mata kuka ba tukuna, don haka ba ta gama tafiya ba. Ka taho kafin ƙanƙara ta rufe hanya, ka kira ta ta ci abinci. Amma don Allah, duk yadda ka gan ta, ka haɗiye hawayenka tun daga ƙofa.

Gwaggo Rumena tana gaishe ka. Ka sumbaci Smilja da ƙaramin Gojko.

Ƙanwarka mai jiran ka,
Stamena