Makullin injin tafiya yana bakin zanena

Assalamu alaikum 'yan uwa. Admin a ɓoye sunana. Don Allah ku ba ni shawara, kaina ya tsaya cak.

Maigidana ɗan kasuwa ne a Bagudo, yana da hawan jini. Da likita ya ce ya riƙa tattaki, sai ya sayo tsohon injin tafiya ɗan gwanjo daga ƙasar Benin, irin wanda ake takawa a cikin ɗaki bel yana gudu. Rubutun jikinsa duk Faransanci ne, da lalube muka gane maɓallan. Bel ya karkace shi zai ɗaure, ya yi ƙara shi zai sa masa mai, har janareta yake tayarwa dominsa in an ɗauke wuta.

Bara ɓarin jikinsa na hagu ya shanye. Alhamdulillahi yanzu yana takawa da sanda, yana jan ƙafa. Likita ya ce ya ci gaba da tafiya a ƙasa da mai riƙe shi, amma kada ya kuskura ya hau injin, in ya faɗi ba lallai ya tashi ba. Malam ya ce ya ji. Washegari na tarar da shi a kai yana neman maɓalli.

Akwai wani ɗan jan makulli mai maganaɗisu, in babu shi injin ba ya tashi. Na cire na ƙulle a bakin zanena, na ce masa ya lalace. Ya sa aka kira mai gyara daga Dole Kaina, mutumin na dubawa ya gane, na girgiza masa kai ta bayan Malam, sai ya ce sai an nemo wani abu daga Kwatano.

Tun ranar bai ƙara takawa ba, ƙafar sai ƙara sandarewa take. Na roƙe shi mu fita ko zuwa masallaci ne, ya ƙi. Jiya na matsa, sai ya ce, "Daga ƙofar gida zuwa masallaci kowa sai ya tsaya ya ce mini sannu. Injin nan kaɗai ne ba ya ce mini sannu."

Wallahi ko kuka ban yi ba, na dai kwashe kwanuka na fita. Na daina jin komai.

In mayar da makullin ya hau ina riƙe da shi, ko in bar shi a zaune ƙafar ta ƙarasa mutuwa? Me zan yi?