Kabon na Laka

Rogo Sabon Gari

Aminina Bappa,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya, da iyali, da Inna da ƙafar tata. Mu nan sai godiya, gyaɗa ta kusa cira.

Ka tuna Ummu Hani, ɗalibata da ta koma makarantar Karaye wurin gwaggonta? Ni na fara koya mata kemistiri. Ni na cura laka, na soka kara huɗu a matsayin hannuwa, na ce mata ga kabon: ilektaron shida gare shi, biyu a ciki, huɗu a waje, kuma da huɗun nan yake riƙe haidirojin ko ɗan'uwansa kabon, har su yi sarƙa. Kafin lakar ta bushe yarinyar nan ta gane.

To ta zo hutun ƙarshen mako, ta durƙusa ta gaishe ni, sai ta hango kabon ɗina a taga. Wai malaminsu Zubair, maƙwabcin nan naka, ya ce hannuwan ba a kwance suke ba, uku suna ƙasa a buɗe kamar duwatsun murhu, ɗaya yana sama. Bappa, na san wannan tun Zubair yana firamare. A tabarma nake shanya su, in ban kwantar ba karan zamewa yake. Shi kuwa akwatin ƙwallayen roba gare shi, da hudarsu tun daga kamfani.

An zaɓe ta gasar kimiyya a Kano, kuma malami ɗaya aka ce ta zaɓa ya horar da ita. Kishi nake yi, ba zan ɓoye maka ba.

Ka gaida Inna.

Naka,
Sulle

Aminina Bappa,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ya gida, ya gona?

Zubair ta zaɓa. Ita da babanta suka zo faɗa mini, na sa mata albarka, bakina yana ɗaci. Na yini ina neman aibin mutumin nan, ban samu ba, abin ya ƙara ba ni haushi.

Washegari na shiga aji na ɗaga lakata. Da na zaga, sai na ga kowa ya zana kabon a kwance, yadda na nuna musu, da murnarsu. Su ma wata rana wani ne zai gyara musu, su dawo suna kallon tagata.

Saboda haka ga roƙona. Ka aro mini akwatin ƙwallayen nan wurin Zubair na mako guda. Ka ce wani malami ne a Ruwan Bago yake so. In ya tambayi suna, ka ce ka manta.

Allah ya bar zumunci.

Naka har kullum,
Sulle