Kugen da ke Maido Magana

Laraba da dare, Allakaye

Yau Yaya Idi ya fiddo kugen da kakanmu ya ƙera, ƙarfen nan da ake bugawa ya yi ƙara. Ba baƙin ƙarfe ba ne zalla, an gauraya shi da wani farin ƙarfe da babu maƙerin da ya san sunansa yanzu. In an buga shi, sai ya maido maganar da mamaci ya taɓa yi a wurin. Da ina cewa tatsuniya ce. Yaya ya buga a bakin rumbu, sai ga muryar marigayiya Inna tana korar kaji.

Ya dube ni ya ce, "Gobe mu buga shi a ɗakin da Baba ya cika, mu ji wa ya ba gonar fadama."

Ni kaɗai ke wurin ranar da Baba ya cika. Na ce wa kowa ni ya ba, alhali sunan Yaya ya kira, har sau biyu.

Kugen na rataye a zaure, wutar maƙera kuma ba ta mutu ba. Sau uku ina miƙa hannu don in jefa shi ciki, ina fasawa. In na narkar da shi, Inna ta yi shiru har abada.