Ranar da Ɗanjuma Ya Dafa Ƙasa

Daga Audu, wanda 'yan kallo suke kira Kututture, zuwa ga aminina Tanko makaɗi, duk inda hanyar gabas ta kai shi. Sallama da gaisuwa mai yawa, da tambayar lafiyarka da ta ƙafafunka. Bayan haka, Malam Habu na masallacin unguwarmu ne yake rubuta wannan daga bakina. Akwai ayarin da zai tashi daga Dutse zuwa Makka bayan salla, su zan ba. In ta same ka, madalla. In ba ta same ka ba, ni dai na sauke.

Kaka bakwai ke nan da ka rataye gangarka ka ce ka tuba. Ban hana ka ba, amma har yau ina jin haushinka kaɗan. Ka yi shekara ashirin kana zuga ni ina shiga fagen kokawa, sa'an nan ka tafi neman gafararka ka bar ni da ciwon gwiwa.

Ka tuna karawata ta fari a Buji? An gama girbi, aka haɗa ni da wani ƙato mai wuya kamar turmi. Sau uku yana neman ɗaga ni, sau uku ƙafata tana ƙin barin ƙasa. Nan take ka juya ganga ta ce, "Kututturen dabino, sai a kewaye ka." Daga ranar ya zama takena. Ko a gona nake na jiyo shi, sai fartanya ta faɗi daga hannuna, jikina ya hau tsuma.

Mun sha yawo, Tanko. Dutse, Buji, Ringim, da ƙauyukan da ko sunansu na manta. Ko shekarar da Nasara suka shigo ƙasar, kowa yana ɓoye hatsinsa, sai da muka yi kokawa. Sau biyu aka kayar da ni a duk zamanina, kuma duka biyun kana wurin, don haka ba zan yi maka ƙarya ba.

Kai ne kuma ka fara gaya mini gaskiya da gwiwa ta soma ci. Ka ce, "Audu, ganga tana gudu, kai kana tafiya." Na yi kwana uku ban yi maka magana ba. A na huɗu na cire warki na ninke, na koma yashin rafi ina koya wa samari.

Ban san koyarwa ta fi kokawa gajiya ba sai da na shiga. Kana zaune, amma kana kokawa da jikin wani. Ka ga kaye a buɗe, ka yi ihu, shi kuwa yana kallon 'yan mata. Yanzu ma abin ya daɗa lalacewa. Da an gama girbi sai a ɗebi samari aikin hanya, su dawo kafaɗa duk kanta, ba mai sha'awar a sake murɗa shi. Mutum goma sha biyu ka bar ni da su. Uku suka rage.

Cikin ukun akwai Ɗanjuma, siririn nan da kake cewa iska za ta kayar maka da shi kafin ka ɗaure ganga. To, ya zama namiji, da mata da 'ya'ya biyu. Kaka biyar yana shiga fage, ko yatsansa bai taɓa ƙasa ba. Mutane suna ce masa Ɗanjuma na Kututture, ni kuwa kaina ya yi ta kumbura. Abu ɗaya na fi nanata masa: wanda ka raga wa a fage ka zage shi. Sau biyu ina korarsa daga rafi don ya tausaya wa abokin karawa.

Yanzu ga abin da ya sa na ɗauki Malam aiki.

Kakar bana aka yi taro a filin gindin duwatsu bayan la'asar. Makaɗin baƙo ne daga Ringim, sunansa Sale. Hannunsa ba laifi, amma take-takenka a kunne ya tsince su, bai san na wane ne da wane ba. Ya ji ana cewa Ɗanjuma na Kututture, sai ya ɗauka taken na gida ne, ana gadonsa kamar gona. Da aka zo kiran Ɗanjuma, sai ya saki takena.

Ina zaune cikin dattawa da goro a bakina. Wallahi ban san lokacin da na tuɓe riga ba. Na dai tsinci kaina a tsakiyar fage, ina kirari da muryar da ta tsage, tumbi a gaba. Ga Ɗanjuma shi ma a tsaye, tun da shi aka kira. Sale ya gane ɓarnar da ya yi, ganga ta mutu a hannunsa.

Da na yi dariya na koma na zauna, da shi ke nan, a yi mini tsiya kwana biyu a manta. Sai na miƙa masa hannu. Ka san doka: wanda aka miƙa wa hannu a fage, ko ya kama ko a ce ya gudu. Ya sunkuyar da kai ya ce, "Baba, a yi haƙuri." Na ce, "Kama."

Da ya riƙe ni na san an gama. Zai iya ɗaga ni kamar damin gero. Na kuma san ya ji gwiwata tana rawa. Muka zaga sau ɗaya, muka zaga sau biyu. Sai ya zame ƙafa a wurin da ba abin zamewa, ya dafa ƙasa da tafin hannunsa na dama, sosai, yadda kowa zai gani. Mata suka ɗau guɗa. Waɗanda ba su san kokawa ba suka yi ta ihu, waɗanda suka sani suka kau da kai.

Kaka biyar ta tafi a banza, Tanko. Kaye kaye ne, ba wanda yake sokewa. Yanzu a Buji har waƙa suke yi, wai tsoho mai ƙafa ɗaya da rabi ya kayar da gwanin Dutse.

Washegari Ɗanjuma ya zo ya durƙusa a zaure. Na ce masa, me na koya maka? Ya ce, "Baba, ka koya mini kayar da maza. Ba ka koya mini inda zan sa idona ba in na kayar da kai." Na kore shi. Yau kwana arba'in yana zuwa gaisuwa kowace safiya, ina amsawa daga cikin ɗaki.

Na gaya wa kowa cewa fushi nake don ya karya mini koyarwa. Malam ya ɗaga alƙalami yana kallona, na ce ya rubuta. Ba wannan ne dalili ba. Lokacin da tafin hannun nan ya taɓa ƙasa, guɗa ta tashi, daɗi na ji. Na san kyauta ce aka ba ni, na san abin da ta ci masa, amma na ɗaga hannu sama. Na juya na yi wa Sale alama ya ci gaba da kaɗawa, na tsaya har take ya ƙare, Ɗanjuma yana tsugune a gefena yana kaɗe ƙasa daga hannunsa. Abin da ya hana ni fitowa zaure ke nan.

Na gaji, aminina. Gwiwa ta gaji, murya ta gaji, ba ni kuma da wanda zai gaya mini gaskiya in yi fushi da shi kwana uku. Da kana nan da ba ka kaɗa ba. Ko da ka kaɗa, da ka jefe ni da sandan kiɗan kafin in miƙa hannu.

Allah ya kai ka lafiya, ya karɓi tubarka, ya sauƙaƙa maka rairayi da ƙishirwa. In ka ga Ɗakin Allah, ka roƙa wa Ɗanjuma ɗaukakar da ta fi wadda na ci masa. Ni kuwa kada ka ɓata addu'arka a kan gwiwata. Ka roƙa a cire mini wannan daɗin daga zuciya, don har yanzu in na tuna guɗar nan, ina jin sa.

Wassalam. Naka har kullum,
Audu.