Sunan Tsohon Mai Waakye

Yaya Hajara,

Assalamu alaikum. Yaya karatu, yaya sanyin can? Duk gida lafiya, ƙafar Mma ma ta yi sauƙi.

Na kai wa tsohon nan mai sayar da waakye, shinkafa da wake, rubutunki kan rayuwar 'yan daudu a mulkin soja. Ina karantawa ina mayar masa da Hausa, kunya kamar ta kashe ni. Da na zo inda sojoji suka doke shi suka aske masa kai a kasuwa, ya ce, "Wane ne wannan Musa?"

Na ce kin canza sunansa ne don kada a taɓa shi, ganin yadda gari yake yanzu.

Ya yi dariya. "Ɗiyata, ni aka doka, Musa ya shiga tarihi?" Ya daɗe yana juya ludayi. "Amma iyalin ƙanena daga tukunyar nan suke ci. Ta bar shi haka. In na mutu, ta mayar mini da sunana."

Na yi masa alkawari a madadinki, Yaya. Ni ma ban rubuta sunan a nan ba.

Jarrabawa ta kusa, ki sa ni a addu'a. Ki gaida Anti Fati.

Ƙanwarki,
Ramatu