A Goge Kalmar Sakaci Daga Rahoton Injin Kicin ɗin Hajiya

Zuwa ga Mai Girma Babban Manajan kamfanin da ya gina sabon rukunin gidajen nan na bayan Kambarawa, ta hannun Shugaban Sashen Gyare-gyare, tare da sanin maigidana Alhaji Kabir, babban ɗan Hajiya Mairo.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai yawa da ladabi da biyayya, ina fatan wannan takarda ta same ku lafiya, ku da iyalanku da ma'aikatan da ke ƙarƙashinku. Ina yi muku barka da aiki, da barka da haƙuri da jama'a.

Ranka ya daɗe, sunana Malam Rabe Mani, haifaffen Ƙofar Sauri. Ni ne kuku kuma mai kula da gidan Hajiya Mairo, shekara ashirin da ɗaya ke nan, tun marigayi Alhaji yana da rai, tun muna tsohon gida na GRA. Ina so a sani cewa da hannuna na rubuta wannan takarda. Ban biya kowa ya rubuta mini ba. Bara na shiga ajin yaƙi da jahilci na bayan la'asar, kuma malaminmu Malam Abu ya shaida a gaban ɗalibai cewa rubutuna ya fi na kowa tsabta. Sau huɗu na kwafe ta kafin ta yi yadda nake so. Ban ambaci sunan kamfaninku ba saboda mutunci. Na fito da maganar fili ne don sau uku ina zuwa ofishinku ana ce mini kuna taro, ga lokaci yana ƙure mini.

Na ɗaya. Ranar da za a karɓi makullan gidan, ƙafar Hajiya ta matsa mata, sai ta wakilta ni, domin ni take wakiltawa a manyan al'amura. Wani ma'aikacinku ya zagaya da ni ɗaki ɗaki. Da muka shiga kicin ya buɗe ƙarƙashin kwamin wanke-wanke, ya nuna mini wani inji kamar tulu da aka ɗaura wa bututun ruwa. Ya danna makunni a bango, injin ya yi gurnani har na ja da baya. Ya yi dariya, ya ce kada Baba ya ji tsoro, aikinsa niƙe ragowar abinci ya tura shi magudana, an huta da kwandon shara. Ya ba ni takardar garanti ta shekara ɗaya, da Turanci, ya ce duk abin da ya lalace a cikin shekarar a kira ku kawai. A lokacin ban iya rubutu ba, sai na dangwala yatsa. Iyakar bayanin da aka yi mini ke nan, kuma bai kai tsawon shan kofin shayi ba.

Na biyu. Ba mu taɓa amfani da injin ba, kuma ina so ku ji dalili. A gidan Hajiya ba a zubar da abinci. Tuwon da ya kwana ɗumame ne da safe. Ƙanzo ina kankare shi in shanya a faranti, akwai matan da ke zuwa karɓa. Ɓawon doya da na dankali da ganyen kabeji ina tara su a buhu in kai wa awakin ƙanwata a Ƙofar Sauri. Ko ruwan da aka wanke gero da shi yana da masu jiransa. Da na yi wa Hajiya bayanin injin, sai ta ce ita ba za ta tsaya gaban Allah da shinkafar da ta niƙa ta haɗa da ruwan banɗaki ba, duk wanda ya ƙirƙiro wannan abu bai taɓa kwana da yunwa ba. Na ga gaskiyarta. Na samo salatif na rufe makunnin don kada baƙo ya danna bisa kuskure. Duk Juma'a ina durƙusawa in goge jikin injin da tsumma. A tunanina adana muku shi nake yi, yadda ake adana sabon abu, don in kun zo dubawa ku same shi kamar ranar da kuka sa shi.

Na uku. Ina wanke bayan tukwane da toka da ɗan yashi mai laushi. Haka wanda ya koya mini aiki ya koya mini, kuma duk wanda ya taɓa ganin tukwanen Hajiya ya san ana iya duba fuska a jikinsu. A tsohon gida a bakin famfon tsakar gida nake yi. A sabon gida babu famfon waje, ko'ina siminti ne da tayil, sai nake ɗaurayewa a kwamin kicin. Ban ɓoye wannan ba, kuma ba zan ɓoye ba. Amma babu wanda ya ce mini ruwan kwamin ta cikin injin yake bi ko da ba a kunna shi ba.

Na huɗu. Mako biyu bayan Babbar Salla, ranar wata Talata, ruwa ya ƙi wucewa. Ya taru a kwamin, kicin ya fara wari. Hajiya tana Abuja wurin Alhaji Kabir, an yi mata aiki a gwiwa, ni kaɗai ne da gidan. Na kira Malam Sada mai gadin ƙofar rukunin, muka yi shawara, ya ce ko a gwada kunna injin. Na ɓare salatif, na yi bisimilla, na danna. Ya yi ƙugi kaɗan, ya yi shiru, sai ƙaurin waya. Ban sake taɓa shi ba. Na kira lambar da ke jikin takardar garanti, wadda yanzu nake iya karanta lambobinta da kaina.

Bayan kwana biyar makanikinku ya zo. Ya kwance injin ya zazzage shi a kan jarida, ga yashi, ga toka, ga tsatsa. Ya ce haƙoran injin sun kafe saboda ba a kunna shi, yashi kuma ya ƙarasa shi. Ya tambaye ni ko gini nake yi a cikin kwamin. Na yi masa uzuri, saboda ya yi ɗa a wurina. Ya cike wani fom da Turanci, ya miƙo mini, ya fara laluben tawadar dangwale a jakarsa. A nan ne na yi kuskuren da ke hana ni sukuni. Na ce masa ya bar tawadarsa, ni mai sa hannu ne. Na ciro birona, na rubuta sunana cikakke, harafi bayan harafi, Malam Sada yana kallo, ni kuma ina jin daɗi a raina. Wannan ne karo na farko a rayuwata da na sa hannu a takardar ofis. Ban tambayi abin da ke ciki ba. Na ɗauka shaida ce cewa ya zo.

Da yamma na kai wa Malam Abu kwafin, don ya ga yadda sa hannun ya fito. Ya karanta, fuskarsa ta canza. Ya ce takardar tana cewa mai kula da gida ya amsa cewa sakacinsa ne ya lalata injin, don haka garanti bai shafe shi ba. Ya kuma duba takardar garantin, ya nuna mini wani layi da ƙananan haruffa a bayanta, inda aka ce a riƙa kunna injin a kai a kai, kada kuma a bari ƙasa ta shiga. Wata goma sha ɗaya takardar tana cikin akwatina a naɗe cikin leda, ban san tana ɗauke da wannan ba.

Na biyar, kuma shi ne abin da ya sa na ɗauki biro. An aika wa Alhaji Kabir rahoton. Ya bugo mini waya. Bai yi faɗa ba, da ma faɗan ya yi. Ya gaishe ni kamar kullum, Baba Rabe ya aiki, ya jiki, sannan ya ce zai dawo da Hajiya ƙarshen wannan wata, kuma yana tunanin ko gidan zamani yana bukatar wanda ya san kayan zamani, ni kuma in samu in huta. Ranka ya daɗe, na san ma'anar wannan hutu. Ɗakin da nake ciki da matata Hassu a baskwatan gidan yake, ɓangaren masu aiki. Ba ni da wani. Tun ranar, in ƙarfe ya taɓa ƙofar gida sai in fito da sauri in duba ko su ne. Jiya na zuba gishiri sau biyu a miya, abin da ban taɓa yi ba. Ni na riƙa ɗaukar Alhaji Kabir zuwa makarantar allo a kafaɗata. Shekara ashirin da ɗaya ko cokali bai taɓa ɓata a hannuna ba. Amma shi mutum ne mai aiki da takarda, takardar kuma ta ce sakaci, ga sunana a ƙasa da rubutuna mai tsabta. Garantin ma a wannan makon da zai zo yake ƙarewa.

Saboda haka nake roƙonku, cikin ladabi, kafin ƙarshen wata. Ku goge kalmar sakaci daga rahoton, ku rubuta gaskiyar abin da ya faru, cewa ba a yi wa mai kula da gida bayani da harshen da yake ji ba, ku aika wa Alhaji Kabir. Wannan ne babban roƙona. In kun ga garanti ya hau, ku gyara injin, ni kuma na yi alkawarin kunna shi duk Juma'a da ruwa zalla. In kun ga bai hau ba, ku cire shi ku sa bututu kawai, domin yanzu a bokiti nake wanke-wanke, kuma Hajiya ba za ta iya zama da wari ga ciwo ba. Sannan ina ba ku shawara, a matsayina na wanda ya daɗe a wannan aiki, ku fassara takardar garantinku da Hausa, da manyan haruffa. Na zagaya rukunin na tambaya, ba kicin ɗinmu kaɗai ake wanke tukunya da toka ba.

Alhaji Kabir, ranka ya daɗe, in wannan ta iso gare ka, ina roƙo kada ka yanke hukunci sai Hajiya ta ji sauƙi ka tambaye ta wanda ya ce kada a yi amfani da injin.

Allah Ya ƙara muku girma, Ya albarkaci kamfaninku, Ya ba Hajiya lafiya, Ya sa ku yi adalci ga na ƙasa da ku. Wassalam.

Naku mai biyayya,
Malam Rabe Mani. Wannan karon na karanta kafin in sa hannu.

Waɗanda suka shaida abin da na faɗa su ne Malam Sada mai gadi, wanda yana tsaye aka kunna injin, yana tsaye aka miƙo mini fom ba tare da an karanta mini ba. Sai Malam Abu, malamin ajinmu, wanda ya fassara mini takardun biyu. Sai matata Hassu, wadda ta san tsumman da nake goge injin da shi. Na ƙarshe shi ne ma'aikacinku da ya ba ni makullai, dogo, mai tabarau. A kira shi a tambaye shi tsakaninsa da Allah ko ya ambaci yashi. Sunansa yana rubuce a ƙirjin rigarsa, na gan shi da idona, amma a ranar ban iya karatu ba.